Inda Gadu Ya Tafi: Mugun Dawan Ƙasar Kafur da Takwaransa na Hamadar Amurka

A watan Oktoba, wanda ya taso daga Malumfashi ya nufi Kafur ba zai ga tazarar taku hamsin da ba a noma ba. Masara ta bushe a tsaye tana jiran karya, dawa ta sunkuyar da kai, waken suya ya yi ruwan ƙasa, ga auduga nan jefi-jefi ta fara buɗe baki. Itatuwan da suka rage, kaɗanya da ɗorawa da tsamiya da kuka, duk a tsakiyar gonaki suke, kowace da mai ita. Haka abin yake har Masari, har Mahuta, har Gozaki.

Idan aka tambayi yaron da ke kora jaki a wannan hanya ko ya san gadu, zai iya zaton gada ake nufi, 'yar ƙaramar dabbar nan mai kama da akuya. In kuwa aka kwatanta masa, wataƙila ya tuna Pumbaa, mai ƙaton ciki da haure a fim ɗin yara na The Lion King wanda ya fito a 1994, da ya gani a wayar yayansa. Kakansa kuwa ba ya bukatar kwatance. A wurin tsofaffin manoma gadu shi ne mugun dawa, wanda wasu ke kira gyado, aladen dajin da kan shiga gonar gyaɗa ko ta rogo ya bar ta kamar an bi ta da garma.

Tsakanin kakan da jikan, dabbar ta yi ƙaura. A can wata nahiyar kuma akwai wata mai kama da ita, wadda gari ya cim mata har gida amma ta ƙi tashi. Duba rayuwar su biyun yana nuna abin da dabbar daji ke bukata kafin ta iya zama kusa da mutum.

Mai durƙusawa ya ci

Gadu ba shi da kyan gani, kuma ba a banza Bahaushe ya sa masa mugun dawa ba. Kansa ya yi wa jikinsa girma, fuskarsa shimfiɗaɗɗiya, idanunsa can sama kusa da kunne. A kumatunsa akwai ƙulluttai na kaurin fata, waɗanda suka fi girma a jikin namiji, domin su ne garkuwarsa idan maza biyu suka haɗa goshi suna ture-ture a kan mace. Haurensa na sama yakan lanƙwasa ya yi sama kamar lauje, wani ya wuce santimita 25. Na ƙasa ya fi gajarta, amma shi ne makamin, don kullum yana goguwa da na sama duk sanda dabbar ta buɗe baki ta rufe, sai ya zama kamar wuƙar da ba a daina wasawa. Babban namiji yakan kai kilo 100, wani ma ya haura. Mace ba ta kai haka.

Duk da wannan shiri, ciyawa ce abincinsa. Wuyansa gajere ne, ƙafafunsa kuma dogaye, saboda haka sai ya durƙusa a kan gaɓoɓin ƙafafunsa na gaba, inda kanta ta fito masa tun yana ciki, ya riƙa jan jiki yana kiwo. Da damina yana bin ɗanyar ciyawa gajera irin kiri-kiri. Da rani, idan ciyawa ta bushe, sai ya sa hancinsa mai tauri ya tone ƙasa ya ci saiwoyi da 'ya'yan aya-aya. Wannan tonon ne ya haɗa shi faɗa da manomi, domin hancin da ya saba tono saiwa bai san bambancinta da gyaɗa ko dankali ba.

Da rana yake yawo, ba kamar sauran aladun daji ba. In ya firgita sai ya ɗaga wutsiya tsaye kamar sandar tuta, ya zura da gudun da ya kusa kilomita 50 a awa, 'ya'yansa na biye suna kallon tuntun wutsiyar a cikin ciyawa. Inda ya dosa kuwa rami ne.

A nan rauninsa yake. Gashin jikinsa kaɗan ne, in ban da geza a gadon baya, kuma ba shi da kitse mai kauri a ƙarƙashin fata. Zafin rana yana damunsa, shi ya sa yake birgima cikin taɓo, wanda kuma ke rage masa kaska. Sanyin dare a lokacin hunturu ya fi damunsa. Dole ya kwana a rami, dole mace ta haihu a rami. Bayan ciki na kusan wata shida takan haifi biyu zuwa huɗu, su yi makonni shida ko bakwai a ciki kafin su fara bin ta kiwo. Idan za a shiga, ƙanana kan faɗa da kai, babba kuma ya juya ya shiga da baya, haurensa na fuskantar ƙofa. Kura ko damisa da ta leƙo, da shi za ta fara gamuwa.

Sai dai gadu ba ya cika haƙa ramin da kansa. Na dabgi yake gada.

Daga gara zuwa gadu

Dabgi dabba ce ta dare, mai dogon hanci da kunnuwa kamar na jaki da farata masu ƙarfin gaske. Gara da tururuwa yake ci, yana fasa suri ya zura harshensa mai yauƙi wanda ya kai santimita 30, kuma a dare guda yakan lashe dubbai. Yana haƙa rami ya kwana biyu ya bar shi ya haƙa wani. Waɗannan kufan ramuka su ne gidajen haya na daji: beguwa na shiga, dila na shiga, mesa na shiga, amma babu wanda rayuwarsa ta rataya a kansu kamar gadu. Dabgi kuma ɗa ɗaya yake haifa a shekara, don haka in aka rage shi ba ya saurin dawowa.

Abin sarƙa ne. Gara tana bukatar busasshen itace da ciyawa da ƙasar da aka bari ta huta. Dabgi yana bukatar suri. Gadu yana bukatar ramin dabgi. Duk inda saura ta ƙare, sarƙar takan tsinke tun daga zoben farko.

A ƙasar Kafur an ga yadda hakan ya faru cikin ƙarni ɗaya. Wannan yanki, da masu tarihi ke kira Katsina Laka saboda ƙasarsa mai danƙo, tsohon mazauni ne, ga ganuwar Gozaki nan tana shaida. Amma hare-haren ƙarni na 19, musamman na Katsinawan Maraɗi, sun sa garuruwa da yawa na kudu sun watse, daji ya maye gurbinsu. Ruwan sama na kusan milimita 1,000 a shekara ya isa ya tayar da kurmin doka da marke da gamba mai tsawon mutum, irin wurin da gwanki da kanki da gadu ke so. Da zaman lafiya ya samu, mutane suka dawo suna sassabe. Malumfashi ta zama mazaunin Galadiman Katsina. Kamfanin auduga na Turawa ya kafa injin gurza a Funtua, jirgin ƙasa daga Zariya ya ratsa ta nan ya kai Ƙauran Namoda a 1929, auduga ta zama kuɗi.

Babban sauyin ya zo a 1975, lokacin da aka buɗe shirin bunƙasa aikin gona na Funtua da tallafin Bankin Duniya, ɗaya daga cikin uku na farko a Najeriya tare da na Gusau da na Gombe. Shirin ya kawo takin zamani da sabon irin masara da hanyoyin karkara, ya ƙarfafa noma da garmar shanu. Mai taki ba ya bukatar ya bar gona ta huta. Mai garmar shanu ba ya barin kututture ko suri a tsakiyar kuyya. Ga jama'a kuma na ƙaruwa: a ƙidayar 2006 Ƙaramar Hukumar Kafur kaɗai ta haura mutum 200,000 a fili mai faɗin murabba'in kilomita 1,100 da 'yan kai. Fadamun da gadu ke birgima a cikinsu sun koma rake da tumatir da shinkafa.

Farauta ta ƙarasa abin da garma ta fara. Musulmi ba ya cin naman gadu, hukuncinsa hukuncin alade ne, amma hakan bai cece shi ba. Manomi na kashe shi don ɓarna. Farautar gayya ta rani, wadda ake fita da karnuka da gora da adaka bayan an cinna wa daji wuta, ba ta zaɓe. Dabbar da kowa ya san inda take kwana kuwa ba ta da wuyar samu. Cuta ma ta yi nata: gadu yana cikin dabbobin da ciwon bushiya ya fi kamawa, kuma annobar da ta karkashe shanun Arewa a 1983 ta taɓa namun daji har cikin Yankari. Sai a 2011 aka tabbatar an kawar da cutar daga duniya.

Akwai wanda ya ci ribar tafiyar gadu, wato makiyayi. Tsandon daji, ƙudan da ke sa wa shanu sammore, yana son jinin gadu fiye da na yawancin dabbobi. Da daji ya koma gona, namun dawa suka ragu, tsandon ya rasa inuwa ya rasa abinci, ya ja baya kudu. Shi ya sa wuraren da a da Fulani ke gudu da damina suka zama inda kowane gida ke ɗaure da bijimai biyu na huɗa.

Kama da wane ba wane ba ne

A hamadar Sonora, wadda ta haɗa kudancin jihar Arizona ta Amurka da arewacin Meziko, akwai dabbar da Bakatsine zai rantse ɗan gadu ne in ya gan ta. Mutanen can suna kiranta habalina. Sunan ya fito daga kalmar Sifaniyanci ta aladen daji, ita kuma Sifaniyawa sun aro ta daga Larabcin Andalus, jabali, wato na dutse. Masana suna kiranta fekari mai abin wuya, saboda wani farin zobe na gashi da ya zagaye kafaɗunta, sauran jikin kuma toka-toka mai duhu.

Ga hanci irin na alade, ga kofato, ga gurnani. Amma a lissafin masana halittu danginsu daban ne, sun rabu da aladu fiye da shekara miliyan 30. Aladu na Afirka da Asiya da Turai ne, fekari kuwa a yau a nahiyar Amurka kaɗai ake samunsa. Bambancin a jiki yake. Habalina ƙarama ce, kilo 16 zuwa 27, kamar matsakaiciyar akuya. Wutsiyarta ba ta ko ganuwa. Ƙafarta ta baya yatsu uku ne, ta alade huɗu. Haƙoranta 38, na aladen gida 44. Fiƙoƙinta ba sa lanƙwasa waje kamar hauren gadu, a miƙe suke, na sama na kallon ƙasa, na ƙasa na kallon sama, suna wasa juna. In ta fusata takan kaɗa su su yi ƙara kamar ana buga ƙwarya da tsinke. Cikinta kuma ɗaki-ɗaki ne, abinci yana jiƙa a ciki kafin ya wuce, kusa da yadda na akuya yake, ko da yake ba ta tuƙa.

Abin da ya fi ba Turawan farko mamaki shi ne wani ƙullutu a gadon bayanta, kusa da gindin wutsiya, mai fitar da maiƙo mai wari. Sun zaci cibiya ce ta biyu, har ɗaya daga cikin sunayenta na kimiyya ya samo asali daga wannan zato. Da shi garke ke gane juna. Biyu za su tsaya kai da gindi, kowace tana goga fuskarta a bayan 'yar'uwarta, har garken duka ya zama wari ɗaya. Da shi kuma suke shafa wa duwatsu da itatuwa alamar iyakarsu. Idonsu ba ya gani da nisa, hanci ne jagoransu, kuma sau da yawa mutum kan ji warinsu kafin ya gan su.

Garke yakan kasance shida zuwa goma sha wani abu, maza da mata tare duk shekara, saɓanin gadu da manyan mazansa ke yawo su kaɗai. Ciki wata biyar ne ba kaɗan, kusan kwana 145, kuma tagwaye aka fi haifa, jajaye-jajaye. Kwana ɗaya da haihuwa suna bin uwa. Ba ramin da za a ɓoye su na makonni.

Mazauninta ya fi na gadu faɗin iri. Daga Arizona da Tekzas, ta ratsa Meziko da Amurka ta Tsakiya da kurmin Amazon har arewacin Ajantina, kuma akwai ta a tsibirin Tirinidad. Tana zama a hamada, tana zama a kurmin da ruwa ba ya yankewa. 'Yan'uwanta biyu ba su da wannan sauƙin kai. Mai farin leɓe, wanda ke yawo ɗari-ɗari a kurmi, yana ɓacewa da zarar an sare dajin. Na yankin Chako kuwa, masana sun fara saninsa ne ta ƙasusuwan da aka tono, suka ɗauka ya ƙare tuntuni, sai a farkon shekarun 1970 aka same shi da rai a ƙasar Faraguwe, inda mutanen wurin suka daɗe suna farautarsa.

A hamada abincin habalina wata shuka ce, kaktus mai faffaɗan ganye kamar tafin hannu, mai kauri da ruwa-ruwa irin na ƙyarana, ga ƙaya ko'ina. Takan cinye shi da ƙayar, ta samu abinci ta samu ruwa a lokaci guda. Tana haɗawa da saiwoyi da 'ya'yan itatuwan ƙaya masu kama da bagaruwa. Da bazara takan kwanta a inuwar dutse ko ƙarƙashin sarƙaƙƙiya, ta fita kiwo da dare. Da sanyi sai garken ya cure wuri guda suna ɗumama juna, su fita da hantsi.

Gari ya zo, ba ta tashi ba

Biranen Finiks da Tusan na Arizona sun faɗaɗa sun ci hamada, kamar yadda gonaki suka ci dajin Katsina Laka. Amma habalina tana nan, har ta zama maƙwabciya mai fitina. Da dare garke kan bi busassun rafuka ya shigo unguwa, ya kifar da kwandon shara, ya tone furannin ƙofar gida, ya yi faɗa da karnuka, don a wurinta kare da dilan hamada duk abu ɗaya ne. A watan Oktoba na 2023 hoton bidiyo na wani filin wasan golf a garin Sedona na Arizona ya zagaye duniya, bayan garken habalina ya mayar da korayen ciyawarsa kamar gonar da aka yi wa kaftu. Da manomin rogo na Gozaki na shekarun baya ya ga hoton, da ya gane aikin.

Dalilan zamanta a fili suke. Ba ta jiran wata dabba ta haƙa mata gida. Tana iya komawa yawon dare in mutane sun yi yawa. Ƙarama ce, ɗan kwazazzabo ya ishe ta ɓuya. Abincinta yana tsirowa a kan duwatsun da ba mai nomawa. Sannan akwai doka mai aiki: a Arizona sai da lasisi da takardar izini ake harbinta, a lokacin da aka ƙayyade, a Tekzas kuma mafarauci ba ya wuce biyu a shekara. A manyan gundumomin Arizona har ciyar da ita laifi ne, domin wadda ta saba karɓa daga hannu ita ke cizo. A ƙasar Peru ma, inda ake sayar da fatarta ana yin safar hannu mai tsada a Turai, cinikin yana da ƙa'ida da adadi.

Gadu bai samu ko ɗaya daga cikin waɗannan ba a ƙasar Kafur. Babba ne, da rana yake fita, a rami yake kwana, kuma ƙasar da yake so ita ce ainihin wadda masara ke so.

Ba wai ba ya iya zama da mutane ba ne. A Yankari ta jihar Bauchi, wadda aka keɓe a 1956 aka buɗe wa baƙi a 1962, gadu yana kiwo a durƙushe tsakanin ɗakunan kwanan baƙi na sansanin Wikki, yana ratsa gwaggon biri da masu ɗaukar hoto ba tare da ya ɗaga wutsiya ba. Inda ba a harbinsa, kuma akwai ramin kwana, tsoron mutum yakan fita daga ransa.

Kusa da gida, dajin da ya rage yana yamma. Akwai Kamuku a ƙasar Birnin Gwari, wanda aka keɓe tun 1936 ya zama gandun daji na ƙasa a 1999, akwai Kuyambana a Zamfara, akwai Kogo a kudu maso yammacin Katsina, wanda ke cikin dazuzzuka goma da Gwamnatin Tarayya ta amince a ƙarshen 2020 a mayar da su gandun daji na ƙasa, tare da Falgore ta Kano. Sai dai waɗannan dazuzzuka na yamma su ne 'yan bindiga suka mayar mafaka shekara da shekaru, manomi bai shiga ba balle mai ƙidayar dabbobi.

Ranar da ma'aikatan gandu suka samu shiga Kogo da littafi da alƙalami, aikin farko shi ne bin suri ɗaya bayan ɗaya, a ga wanda aka fasa da farce, a nemi ramin da ke kusa, a duba bakinsa ko akwai sawun kofato da ƙudaje. A wannan aiki tsofaffin maharban Kafur da Malumfashi da Bakori, waɗanda suka yi farauta kafin zuwan taki, sun fi kowane littafi. Su ne za su gaya wa matashin ma'aikaci ya zagaya ta bayan ramin ya tsaya a samansa, domin da sassafe gadu da gudu yake fitowa, kai a gaba, kuma haurensa na ƙasa daidai ƙwaurin mutum yake.